Sa Hannun da Ya Riga Rubutu

Litinin, da hantsi

Takardun riɗi sun iso teburina.

Bari in rubuta aikin dalla-dalla kamar ina koya wa sabuwar ma'aikaciya. Wani ɗan kasuwa a nan ya sayar wa wani kamfani na ƙetare riɗi. Ba su yarda da juna ba, kuma kowannensu yana da gaskiya. Sai bankin mai saye ya aiko da wasiƙar lamuni, bankinmu ya ɗora nasa alkawarin a kai: in mai riɗi ya kawo takardu daidai yadda wasiƙar ta lissafa, za mu biya shi. Riɗi ba ruwanmu da shi. Tun da na zo sashen nan ban taɓa ganin ko ƙwaya ɗaya ba. Takarda muke dubawa, a fuskarta, kuma muna da kwana biyar na aiki mu ce e ko a'a. Juma'a ce ta biyar.

Cikin abin da wasiƙar ta nema akwai shaidar ingancin kaya daga kamfanin Baba, da sa hannun Baba shi da kansa, don mai sayen ya daɗe da sanin cewa in Baba ya ce buhu ya bushe, to ya bushe. Fayil mai sunan Baba a ciki ba ya zuwa wurina. Amma wadda ke dubawa ta biyu tana hutun haihuwa, sai Manaja ya dire min shi ya ce, "Ki duba sauran, ki tsallake ta Babanki. Jan Biro ya riga ya gama da ita." Jan Biro shi ne abokin zamana a ofis, mutumin da ko katin gayyata ka ba shi sai ya yi masa gyara.

Na tsallake. Idona ne ya ƙi.

"Ni da kaina na duba wannan kaya a sito." Kwanan wata: Larabar da ta wuce. A ƙasa sa hannu, da doguwar wutsiyar nan da yake ja masa.

Larabar da ta wuce ni na riƙe wa Baba kofin shayi, rabi ya shiga, rabi ya bi ta gefen bakin da ba ya rufuwa.

Litinin, da yamma

Na ɗauko samfurin sa hannun Baba da ke ajiye a banki na kwatanta. Ba kwaikwayo ba ne. Sa hannunsa ne.

Talata, bayan tashi daga aiki

Na je gida. An mayar da gadon Baba falon ƙasa tun da ɓarin jikinsa ya shanye, an ja labule har ƙasa. Hannun damansa yana kan matashi inda Umma ta ajiye shi da safe. Na daɗe ina kallon hannun, har Umma ta ce, "Lafiya kike kallon mutum kamar za ki saye shi?"

Baba ya yi magana. Ni dai sauti nake ji, Umma ce kaɗai ke gane shi, ita ke fassara mana. "Ya ce kin rame."

Wayarsa ta yi ƙara, Umma ta ɗauka da muryarta ta baƙi. "Yana hutawa ne, likita ya ce ya rage zirga-zirga. Zai ji." Wata na biyu ke nan yana hutawa. Duk 'yan sito da 'yan tashar jirgi sun san Baba yana hutawa.

Na tarar da Yaya, wanda ke riƙe da kamfanin yanzu, a tsakar gida yana wanke mota.

"Yaya, wa ya sa hannu a shaidar riɗin nan?"

Bai ɗago ba. "Baba."

"Yaushe?"

"Auta, gaisuwa kika zo ko banki ya aiko ki?"

Na maimaita. Ya matse tsumma, ya shanya a madubi, sannan ya faɗa min abin da ashe kowa ya sani sai ni mai digiri biyu. Tun muna yara, in Baba zai yi tafiya yakan zauna ya sa hannu a ƙasan fararen takardun kamfani ya kulle a durowa, don kada aiki ya tsaya. Ya dawo a nuna masa abin da aka rubuta. Daga durowar Yaya yake zara.

"Ni na je siton," in ji shi. "Buhu-buhu na bi ina sokawa, na kai ɗakin gwaji. Riɗin nan ya fi ki tsabta."

"To ka rubuta kai ka duba."

"Sunana wasiƙarku ta nema?"

"A'a."

"To ki gaya min yadda ake yi, Madam Banki. Mutanen da ke ci a ƙarƙashin sunan nan in ce musu su je su huta su ma?"

Na ce takardar ta ce "ni da kaina". Ya ce ai ni ce kullum nake cika musu kunne a wurin cin abinci cewa banki ba ya leƙa bayan takarda. "To kada ki leƙa mana. Ki yi aikinki."

Abin haushi, daidai ya faɗi ƙa'idar. Ashe yana saurarona duk shekarun nan.

Laraba, da safe

Na samu mafita ta matsorata. In na gano kuskure ko ɗaya a takardun, sai mu ƙi su da wannan dalilin, a mayar wa mai riɗi, ni kuma ban ce komai ba.

Laraba, lokacin cin abincin rana

Nauyin da ke takardar jirgi daidai yake da na takardar farashi. Inshora ta fara kafin lodi. Lambobin kwantena sun dace a ko'ina. Tashar da za a sauke ita ce wasiƙa ta ambata. Na bi layi-layi da rula kamar 'yar aji ɗaya.

Jan Biro ya leƙo ta saman tabarau. "Hajiya, kin kalli takardun nan har sun fara jin kunya. Ko kina zargin aikina ne?"

"Wane ni."

"Tsaf suke. Ta kamfanin Babanki ma har sha'awa ta ba ni. Wa ke shirya musu takardu yanzu?"

Yaya ke shiryawa. Ni na zaunar da shi bara na koya masa duk inda banki ke kama mutane. Ɗalibi ne nagari, ban taɓa faɗa masa ba.

Laraba, da yamma

Babu kuskure.

Alhamis, da rana

Na hau bene wurin Lauyan banki. Yana ɓare gyaɗa a kan jarida, ya turo min rabi.

Na ce ina da tambaya, misali ce kawai.

"Misali ba ya hawo benen nan sai da dalili, amma bismillah."

Na ce a ce takardu sun cika tsaf, amma ɗaya a ciki ta faɗi abin da bai faru ba.

Ya kaɗe hannu. "Banki ba shi da hanci, ba shi da kunne, ido kawai gare shi. Abin da doka ta ɗora mana shi ne mu duba da kula, mu ga ko takardu sun dace da wasiƙa, sun dace da juna. Ba a ɗauke mu aikin ɗan sanda ba. In takarda ta yi ƙarya ba mu sani ba, ba a kanmu yake ba."

"In an sani fa?"

"Wa ya sani?"

"A ce wani ma'aikaci."

"To banki ya sani ke nan. Ta ina banki zai san abu in ba ta kan ma'aikatansa ba? Ginin ne zai sani?"

"In a gida ya sani, ba a ofis ba?"

Ya dube ni sosai a karon farko. "Shi wannan ma'aikacin, a gida yake barin kansa in zai taho?"

Na yi dariya. Ya yi dariya. Na ci gyaɗa ɗaya na sauko.

Alhamis, da yamma

Hanya uku ce, na jera su kamar amsar jarrabawa. In sa hannu in yi shiru. In ce kaina na ciwo in bar wa Jan Biro, shi ya sa hannu, shi ma shirun ne amma da magani. Ko in faɗa.

Abin da nake ta gaya wa kaina shi ne: Baba bai sani ba. Mutum yana kwance ba hannu ba baki, ana yawo da sunansa a gari ana cewa "ni da kaina". Mutumin da ya taɓa mayar da tirela guda saboda buhu uku sun ji ruwa. In na yi shiru, da ni aka yi.

Na kira Yaya. Bai ɗauka ba. Na sake kira. Ya kashe.

Juma'a, da safe

Na faɗa.

Juma'a, bayan an tashi

Mu huɗu a ofishin Manaja: shi, Lauya, Jan Biro, ni. Suka sa na rubuta. Na rubuta a taƙaice yadda na iya, cewa a ranar da shaidar ta ambata mai sa hannun yana kwance, kuma tun wata biyu ba ya iya riƙe biro. Jan Biro ya karanta, ya zaro bironsa, ya mayar aljihu bai taɓa komai ba. Ban taɓa ganin haka ba.

Lauya ya yi waya, ya buɗe littattafai, ya tambayi abu ɗaya: shi mai riɗin ya sani? Babu alamar ya sani. Ya biya kamfani a duba masa kaya, an ba shi takarda, ya kawo.

"To za mu biya shi," in ji Lauya.

Na ce ban ji ba.

"Za mu biya. Takardunsa sun dace, kuma ba shi ya yi ƙaryar ba. Alkawarinmu da shi yana nan."

"To me na yi ke nan?"

"Kin kare banki, kin kare kanki. Za mu sanar da bankin can abin da muka ji, mu cire kamfanin daga waɗanda muke karɓar shaidarsu, mu kuma rubuta wa hukumar masu duba kaya. Wannan dole ne."

Manaja ya raka ni har ƙofa, abin da bai taɓa yi ba. Ya ce irina banki ke alfahari da su, in ɗauki hutun mako uku. Da alama cuta ce mai yaɗuwa a gidanmu, hutu.

An biya mai riɗi kafin a rufe. Da na yi ciwon kan nan, da sakamakonsa ɗaya ne.

Asabar, da hantsi

Na je gida. Labari ya riga ni. Umma tana tsintar shinkafa a tire, na durƙusa na gaishe ta. Ta gama tsintar gefen da take, ta juya tiren, sannan ta ce, "Sannu da aiki."

Shi ke nan abin da ta ce.

Lahadi

Ban fita ba. Na wanke labulen da ba su yi datti ba.

Talata, da rana

Wasiƙar hukuma ta zo. Yaya ya turo min hotonta a waya, ba gaisuwa ba komai. An dakatar da kamfani. Za a zauna a kan maganar nan da mako biyu. Zargin shi ne Yaya ya yi amfani da sa hannun mahaifinsa ba da saninsa ba alhali yana kwance, kuma in ya tabbata za a miƙa shi ga 'yan sanda. A sakin layi na biyu sun kawo hujja: "ba ya iya riƙe biro." Jimlata ce. Ko waƙafi ba su canza ba.

Na rubuta masa, "Yaya, ban san za ta kai haka ba." Na goge. Wadda aikinta karanta sharuɗɗa ne ba ta da bakin faɗin wannan.

Laraba, da yamma

Yanzu gari ya san irin hutun da Baba ke yi. Motoci sun cika layinmu. Tsofaffin abokan aiki, masu sito, direbobin da ya taɓa yi wa faɗa, kowa da ledar lemo. Umma na tare su a baranda ta ce yana barci. Ba barci yake ba. Ya sa an juya shi yana fuskantar bango.

Wani mai sito ya gan ni ya ce, "Wannan ce ta bankin?" Abokinsa ya taka masa ƙafa.

Juma'a, da safe

Baba ya aiko a kira ni.

Juma'a, da yamma

Zan rubuta shi yadda ya faru.

Na shiga na zauna a ƙasa kusa da gadon. Umma a gefen kansa, Yaya a tsaye jikin ƙofa ya harɗe hannu. Na shirya jawabina tun a mota: Baba ka yi haƙuri, sunanka nake karewa.

Baba ya yi magana mai tsawo, yana tsayawa yana haɗiye yawu. Umma ta kalli bango ta fassara.

"Ya ce shi ya ba yayanki mukullin durowar. A asibiti, kwana na uku. Ya ce yayanki ya ƙi, shi ya matsa masa."

Na juya na kalli Yaya. Yana kallon silin.

"Me ya sa ba ka faɗa min ba?"

"Kin tambaye ni wa ya sa hannu. Na ce Baba."

Baba ya ƙara wani abu gajere. Umma ta ƙi fassarawa, ya buga katifa da hannun hagu, sannan ta ce, "Ya ce ba ya so a san ya faɗi. Ya ce laifinsa ne, kuma ba za a kai masa ɗa caji ofis yana numfashi ba."

Jawabina yana nan, ban taɓa shi ba. Wanda na je ceta ashe shi ne mai mukulli.

Asabar

Baba ya sani.

Lahadi, da rana

Baba ya sani, kuma Baba ne.

Talata, da hantsi

Ya yanke zai rubuta wa hukuma ya ɗauki abin a kansa. Ya faɗa, Umma ta fassara, na buga. Saura sa hannu.

Tun jiya yake gwadawa da hagu. An sa masa faranti a cinya da tsohuwar kalanda. Ya cika bayan shafuka huɗu na kalandar. Harafin farko yana fitowa, sauran sai su gangara ƙasa kamar an ture su. Wutsiyar kuwa ta ƙi sam. Yana zufa, Umma na share masa goshi tana cewa, "Wannan ta fi ta ɗazu." Ba ta fi ba. Duk mun ce ta fi.

A ƙarshe ya sa a kan wasiƙar. Wannan ne sa hannu na farko da Baba ya yi da kansa a kan maganar da ya sani, tun da abin nan ya same shi.

Laraba, da rana

Na kai ofishin hukuma. Hawa na uku, lif ɗin ya mutu tun kafin a haifi wasu. Magatakarda yana bayan kanta, mutum mai fara'a da tsabtar farce. Ya karɓa, ya jawo fayil ɗin Baba, ya buɗe shafin samfuri, ya ajiye su gefe da gefe. Na san abin da zai ce tun kafin ya gama kallo, don da ni ce a kujerar abin da zan ce ke nan.

"Hajiya, wannan bai dace da wanda muke da shi ba."

Na ce ba shi da lafiya, da hagu ya sa.

"Allah ya ba shi lafiya. Amma kin ga maganar da ke gabanmu ta sa hannu ce. In na karɓi wanda bai dace ba a kan wannan fayil ɗin, ni ma gobe kwamiti zan zauna."

"In ya dangwala yatsa fa?"

"Ba mu da yatsansa a fayil."

"To yaya za a yi?"

"Ya zo da kansa. Ko a kawo wasiƙa mai sa hannun da ya dace, kafin a rufe karɓar takardu ranar Juma'a."

Ban yi masa tsawa ba. Ya yi aikinsa da kula, ya ma fi wasu na ofishinmu. Na karɓi wasiƙar na sauko hawa ukun.

Likita ya ce ba maganar ɗaukar Baba a hau bene da shi. Baba kuma da ya ji, ya juya wa bango.

Laraba, da yamma

Jan Biro ya kira ya gaishe ni. A ƙarshe ya ce jirgi ya isa, mai saye ya buɗe kwantena ya gwada. Riɗi lafiya ƙalau, har yana neman ƙari.

Na ce madalla.

Alhamis, da safe

Umma ta zo gidana. Ba ta taɓa zuwa ba tare da ta aiko ba. Ta ƙi zama, ta ƙi ruwa. Ta buɗe jaka ta zaro wani zane a naɗe, ta warware a kan teburin cin abinci. Farar takardar kamfani ce, ba komai a jikinta sai sa hannun Baba can ƙasa, da wutsiyarsa cikakkiya.

"Yayanki ya miƙa wa hukuma sauran. Wannan na ɓoye."

Na matso na duba takardar.

"Ke kika san yadda ake yi takarda ta wuce. Ki rubuta cewa ya ba yayanki izini, ki sa kwanan wata na kafin ciwon. Ai gaskiya ne ya ba shi."

"Umma, ba a ranar ya ba shi ba."

"Ranar ce za ta kwana a caji ofis ko ɗana?"

Na ce in aka gano, mu biyu za a tafi da mu.

"To sai in san ina da 'ya'ya biyu."

Wannan ce magana mafi tsawo da ta yi min tun ranar tire. Ta bar takardar ta tafi da zanenta.

Alhamis, da rana

Na buga wasiƙa biyu a takardar banza.

Ta farko yadda Umma ke so. Ta yi kyau ƙwarai, ba na jin akwai wanda zai kama ta. Na tsorata da saurin da na yi.

Ta biyu da kwanan watan yau. Duk abin da Baba ya faɗa ranar Talata, sai na ƙara sakin layi ɗaya a ƙarshe, daf da inda sa hannun zai faɗo: "Sa hannun da ke ƙasa na yi shi ne tun kafin rashin lafiyata, a kan farar takarda, kamar yadda na saba yi shekaru da yawa. Wannan ce ta ƙarshe. An karanta min abin da ke sama, kuma maganata ce."

Ta farko tana iya fitar da kowa, in ba a duba ba. Ta biyu za ta fitar da Yaya, ta kuma gama da Baba a sana'ar nan har abada.

Alhamis, da yamma

Na karanta masa su duka biyun a hankali. Ya rufe ido. Da na gama ya faɗi kalma biyu.

Umma ta yi saurin cewa, "Ya ce ta farko."

Ban san lokacin da kunnena ya koyi bakin Baba ba. Na ce, "Umma, ba haka ya ce ba."

"Yau kuma ke ce mai fassara?"

Baba ya ɗaga hannun hagu, ya lalubo takardun a cinyarsa, ya ture ta farko ta faɗi ƙasa. Ya ɗora tafinsa a kan ta biyu ya bar shi a nan. Umma ta tashi ta shiga kicin, muka ji ta buɗe famfo ta bar shi yana zuba.

Na ɗauki wayata na sake karantawa ina ɗaukar bidiyo, ya gyaɗa kai a kowane sakin layi. Bai so ba, ya sa an gyara masa hula tukuna.

Juma'a, da sassafe

Ofishin Baba, ni da Yaya. Takarda ɗaya ce, in firinta ta ci ta ko rubutu ya hau kan sa hannun, shi ke nan. Yaya ya buga gwaji a farar takarda, ya haɗa ta da ta gasken, ya ɗaga su jikin taga yana duba inda layin ƙarshe ya tsaya.

"Rage layi ɗaya. Matso da shi sama kaɗan. Tsaya, kada ki taɓa, fuskarta ƙasa ake sawa."

"Ka ƙware."

"Kowa da digirinsa."

Muka tsaya muna kallon firinta tana jan takardar. Ta fito ta ɗaya gefen. Rubutun ya tsaya daidai saman sunan, kamar a nan aka haife shi.

Yaya ya karanta har ƙasa. Ya daɗe a sakin layin ƙarshe.

"Shi ya zaɓi wannan?"

"Shi."

Ya miƙo min ya juya yana tattara wayoyin firinta, waɗanda ba sa buƙatar tattarawa.

Juma'a, da hantsi

Magatakarda ya buɗe shafin samfuri, ya ajiye su gefe da gefe, ya bi wutsiyar da ɗan yatsa.

"Yauwa. Kin ga wannan shi ne. Ashe jikin da sauƙi."

Ya buga hatimi, ya ba ni lambar karɓa. Bai karanta ko layi ɗaya ba.

Talata, da yamma

An zauna. Shugaban kwamiti tsohon yaron Baba ne, a hannunsa ya koyi soka buhu. Shi ya karanta wasiƙar a fili. Da ya zo sakin layin ƙarshe ya tsaya, ya sha ruwa, ya miƙa wa na kusa da shi ya ƙarasa. Suka nemi bidiyon, suka kalla. Wani dattijo a ƙarshen teburin ya cire tabarau ya riƙe bai mayar ba. Na lura babu wanda ya yi mamakin maganar durowa. Wasu ma sai suka shiga duba faratansu.

An soke lasisin Baba, an cire sunan kamfani daga rajista. Yaya an ja masa kunne a rubuce, ba 'yan sanda, yana iya neman nasa lasisin bayan shekara.

Ni aka bar wa kai labarin. Na zauna a ƙasa kusa da gadon na faɗa a jere, ba ƙari ba ragi. Baba ya saurara har ƙarshe idonsa a rufe. Na jira. Ban san me nake jira ba, amma na jira.

Ya yi magana, gajera. Umma ba ta fassara ba, ban kuma buƙata ba.

"Kira min yayanki."

Na kira shi. Ya shiga ya ja ƙofa. Ina tsaye a baranda ina jin Yaya yana kuka kamar ƙaramin yaro, da muryar Baba a hankali tana lallashinsa, ko kalma ɗaya ba ta fita daidai.

Litinin zan koma teburina. Manaja ya ce an yi kewar idona.